Yayana na kwance, wisiye ya ba mu kwana 8

Ƴar Bagalam:
Assalamu alaikum ƴan uwa, don Allah a ba ni shawara. Yayana na da shagon atamfa a babbar kasuwar Maradi. Ya ci bashin miliyan 2 na sefa a wani asusun ba da rance, yana biyan jika 120 duk wata. Da aka rufe iyakar Ɗan Isa ta tsakanin Nijar da Najeriya a 2023 ciniki ya tsaya, ya fara lattin biya, amma bai taɓa ɓuyar musu ba. Yau wata huɗu ke nan da hawan jini ya kada shi, ɓarin dama ya shanye. Ko koko sai matarsa ta ba shi da cokali, rabi na zuba a riga. Shekaranjiya wisiye, jami'in shari'a mai karɓo bashi da kama kaya, ya kawo takarda, wai a biya saura cikin kwana 8 ko a kama kaya. Maƙwabciyarmu ta ce doka ta hana a taɓa mara lafiya. Da gaske ne?

Na Mokoyo:
Allah ya ba shi lafiya. Ku kwashe atamfofin da dare ku kai Tibiri wajen dangi, in sun zo su tarar da shago ba kaya.

Tsohon ma'aikacin kotu:
Na Mokoyo, ka ji tsoron Allah, kada ka jefa su rami. Alƙalin da za su roƙa rangwame, in ya ji an gudu da kaya, da wane ido zai dube su? In ma an riga an rubuta kayan, ɗauke su laifi ne mai kai mutum kaso.

Ƴata, maƙwabciyarki ta ji ƙishin-ƙishin ne kawai. Ciwo ba ya tsayar da bin bashi da kansa, sai an roƙa. Dokar karɓar bashi ta OHADA, ƙungiyar ƙasashen Afirka masu dokar kasuwanci iri ɗaya, wadda Nijar ke aiki da ita, a aya ta 39 ta ba alƙali ikon ɗage biya ko rarraba shi, bayan ya dubi halin wanda ake bi da kuma buƙatar mai bin. Iyakarsa shekara 1. Yana iya cewa abin da za a riƙa biya ya fara cin uwar kuɗi kafin ruwa. Bashin dai yana nan, ko dala ba a yafe ba. Ban da kuɗin ciyarwa, da bashin da ke kan cek da ire-irensa, su ba a ɗage su.

Gobe da sassafe ku tafi babbar kotun Maradi, shugabanta ke duba irin wannan da gaggawa. Ku riƙo takardar likita mai hatimi, da yarjejeniyar rancen, da duk rasit ɗin da ya biya, ko wanda ya yage. Kada ku tsaya kuka kawai. Ku faɗi abin da dangi za su iya haɗawa a wata, ko jika 40 ne. In ba kuɗin aboka, wato lauya, ku tambayi ofishin ANAJJ na taimakon shari'a, don marasa ƙarfi aka kafa shi.

Malam na Zariya:
Aya ta 280 a Suratul Baƙara ta yi umarnin a jinkirta wa mai ƙunci har ya samu. Ku ɗauki dattijo ɗaya ku sami shugaban asusun, ido na jin kunyar ido.

Hajiya mai goro:
Ƙanwata, duba bayan takardar rancen, ƙananan rubutun nan da ba mai karantawa. Sau da yawa suna cire kuɗin inshora tun ranar da suka ba ka. Na mijina, Allah ya jiƙansa, ita ta biya saura, kuma ba wanda ya gaya mini, ɗana ne ɗan lise ya gano. Sai dai wata ta mutuwa ce kaɗai, wata har da naƙasa.

Ƴar Bagalam:
Allah ya saka da alheri. Hajiya, na samo takardar cikin kwallar matarsa, akwai jika 30 da aka cire da sunan inshora. Baba, shi da ba ya iya sa hannu, maganarsa ma ba ta fita sosai, ni zan iya tsaya mishi gaban alƙali, ko dole sai matarsa?