Ruwan tsuma nama na mutanen Kuba: a ina na kuskure?

Maman 'Yan Biyu, Ƙofar Marusa, Katsina

Assalamu alaikum. Ina neman taimakon masu sanin girki, musamman wanda ya taɓa zama Kuba ko ya ci abincinsu.

Ƙanena da muke ciki ɗaya a Habana, babban birnin Kuba, ya yi karatun likita. Tun da ya dawo, duk ranar da aka gasa kaza a gida sai ya kawo zancen wani ruwan lemu da tafarnuwa da suke tsuma nama a ciki, wai shi moho. Bai taɓa haɗawa da hannunshi ba, abin da ya riƙe kawai shi ne akwai tsami, akwai tafarnuwa mai yawa, akwai kuma wani abu da ake kira kumin. Juma'a mai zuwa zai zo da amaryarshi, kuma tun rasuwar mahaifiyarmu gidana ne masaukinshi. Ina so ƙwarai in ajiye mashi wannan kazar a gabanshi.

Shekaranjiya na gwada. Na sayi kaji biyu na gidan gona, na fere lemun tsami goma sha biyar, na zuba su a bilenda har da 'ya'yansu, na sa tafarnuwa dunƙule biyu, magi, tayim, da habbatus sauda, don mai kayan ƙamshin da na tambaya ya ce mani ita ce kumin. Na juye a tukunyar dalma, na sa kajin tun la'asar, na tura firij har azahar ta washegari. Cikin dare kuma aka ɗauke wuta.

Da na buɗe, naman ya yi fari fat kamar an tafasa shi, tafarnuwar ta koma kore-kore mai shuɗi. Na daure na gasa guda. Bayanta ya yi ruguzu-ruguzu, cikinta ya bushe, ga ɗaci, ga wani ɗanɗanon ƙarfe a harshe. Ban bari yara sun ci ba. Don Allah a ina matsalar take? Koren nan guba ne?

Tsohon ɗalibi a Santiyago ta Kuba, yanzu Ƙofar Kaura

Wa alaikumus salam, Hajiya. Na gane abin da ƙaninki yake kewa, ni ma shi nake kewa. Da harafin j suke rubuta sunan, amma a Sifaniyanci j kamar h take fita, shi ya sa kika ji yana cewa moho. Asalin sunan daga tsibiran Kanariya ya zo, waɗanda ke cikin teku daura da Maroko. Mutanen can da yawa sun yi ƙaura zuwa Kuba, suka tafi da miyarsu ta tafarnuwa da mai, a Kuba kuma aka haɗa ta da lemu.

To lemun shi ne zancen. Ba lemun tsami irin namu suke sawa ba. Wani lemu ne mai girman lemun zaƙi, ɓawonshi kakkaura mai gurje-gurje, amma cikinshi tsami ne da ɗan ɗaci kaɗan, ba a shan shi haka nan. Larabawa ne suka kai shi Andalus, kalmar naranha da suke kiran lemu da ita ma daga naranj ta Larabci take. Tsaminshi bai kai na lemun tsami zafi ba, kuma yana da ƙamshin lemun zaƙi. Ke kuwa zallar lemun tsami kika sa, goma sha biyar, shi ya sa naman ya yi fari: tsamin ne ya dafa bayanshi tun kafin ya ga wuta. Ɗacin kuma daga 'ya'yan lemun da farin ɓawon cikin da bilenda ta niƙa ya fito.

Ko 'yan Kuban da ke zaune Amurka, in ba su samu wannan lemun ba, haɗawa suke yi: kashi biyu na ruwan lemun zaƙi, kashi ɗaya na lemun tsami. Ga yadda nake yi wa kaza ɗaya mai kamar kilo ɗaya da rabi. Ruwan lemun zaƙi gwangwanin madara ɗaya, ki matse da hannu ki tace. Wannan na Binuwai da ake kawo mana, ki zaɓi mai kore-koren baya wanda bai gama nuna ba, ya fi dacewa. Ruwan lemun tsami rabin gwangwani. Tafarnuwa ƙwaya goma in manya ce, in kuwa 'yar gida ce mai ƙananan ƙwayoyi ki sa dunƙule guda, ta ma fi ƙarfi. Ki daka ta a turmi da gishiri ƙaramin cokali biyu har ta zama kamar ƙullu, kada ki kai ta bilenda. Kumin ƙaramin cokali ɗaya, origano (busasshen ganye ne mai ƙamshi irin tayim) ɗaya, masoro kaɗan, man zaitun babban cokali uku ko huɗu. Albasa guda ki yanka ta zobe-zobe.

Habbatus sauda ba kumin ba ce, ko kama ba su yi. Ita baƙa ce ƙirin mai kusurwa. Kumin dogo ne siriri, launin ƙasa-ƙasa, kamar ƙaramar shinkafa mai zane a jiki, Larabawa kammun suke ce mashi. Ki nemi shi wurin masu kayan ƙamshin dafa shinkafar Larabawa ko a manyan kantuna. In ƙwaya kika samu, ki ɗan soya shi a busasshen kasko har ƙamshi ya tashi, sannan ki daka. Origano in ya gagara, rabin cokali na tayim zai tsaya maki, amma kumin ba shi da madadi, shi ne ƙamshin da ƙaninki zai gane tun daga zaure.

A can da naman alade suka fi yin shi, musamman daren 24 ga Disamba, amma haɗin kanshi lemu ne da tafarnuwa da mai, ba abin da ya haramta. Mu ɗalibai Musulmi da kaza da kifi muka riƙa yi.

Mai gashi, bakin tasha, Daura

Hajiya barka da ƙoƙari. Ni ban san Kuba ba, amma shekara ashirin ina kan tukuba. Tsami ba ya ratsa nama, iyakarshi baya-baya. Gishiri ne ke shiga ciki. Don haka ki tsattsaga cinyoyin da ƙirjin da wuƙa har kusa da ƙashi, ki ɗaga fatar ki cusa dakakkiyar tafarnuwar a ƙarƙashi. Kazar gidan gona jikinta ruwa ne, awa uku zuwa huɗu ya ishe ta. Kazar Hausa ko zabo za su ɗauki awa shida zuwa takwas. Kifi kada ya wuce rabin awa.

Sai wuta. Duk abin da ke da lemun zaƙi akwai sukari a ciki, saurin ƙonewa gare shi. Ki bari gawayi ya ci ya yi farin toka, ki janye garwashin gefe guda, ki ɗora kazar ɗaya gefen, ki rufe da tsohon faranti. Kafin ki ɗora ki tsane ta, ki share tafarnuwar da ta manne a bayan fata, don in ta ƙone ɗaci take. Sai daf da saukewa za ki matso da ita kan garwashi fatar ta yi ja.

Ni da ni ne zan ƙara citta da attarugu. Nama ba yaji ai bai cika ba.

Ma'aikaciyar jinya, Ƙofar Sauri

'Yar'uwa, koren tafarnuwar nan ba guba ba ne, ki kwantar da hankalinki. In aka daka tafarnuwa ta haɗu da tsami, sinadaran cikinta kan ba da wannan launin, musamman wadda ta daɗe a ajiye cikin sanyi. A arewacin Sin da gangan ma suke jiƙa ta a ruwan tsami ta yi kore su ci.

Abubuwan da suka fi damuna guda biyu ne. Na farko tukunyar dalma. Tsami yana cin ta, shi ne ɗanɗanon ƙarfen da kika ji. Ki yi amfani da kwanon gilas ko tangaran ko robar abinci mai murfi. Na biyu ɗauke wutar nan. Ɗanyar kaza bai kamata ta wuce awa biyu ba tare da sanyi ba, in zafi ya haura digiri 32 kuwa awa ɗaya ce, kin kuma san Katsina a bazara tana wuce 40. Tsamin lemu ba ya kashe ƙwayoyin cutar da ke jikin ɗanyar kaza. Kin yi daidai da kika hana yara. Tunda awa huɗu kawai ake nema, ki jiƙa da safe, ki sa robar a kula da ƙanƙara, ba ruwanki da wuta.

Ruwan da ɗanyen nama ya kwanta a ciki kuma kada ki zuba shi kan gasasshe sai kin tafasa shi sosai. Mafi sauƙi ki ɗebi wani ki ajiye gefe tun kafin ki sa kazar. In ya rage, firij, ki ƙarar cikin kwana uku ko huɗu. Kada a cika kwalba da tafarnuwa da mai a ajiye a kan kanta, akwai ƙwayar cuta mai haɗari da ke tsira a cikin irin wannan inda iska ba ta shiga.

Maman 'Yan Biyu

Allah Ya saka maku da alheri baki ɗaya. Malam na Ƙofar Kaura, zancen attarugun da Baba na Daura ya kawo fa? Kuma da me zan haɗa kazar?

Tsohon ɗalibi a Santiyago ta Kuba

Duk abin da Baba ya faɗa a kan wuta ki riƙe shi, ya fi ni sani. Amma attarugu a wannan karon ki bar shi. Mutanen Kuba ba masu cin barkono ba ne, in kika sa citta da attarugu gashin gida za ki samu mai daɗi, ba abin da ƙaninki yake kewa ba. Ki ajiye yajin ƙuli a ɗan kwano gefe, mai so ya dangwala.

Abin haɗawa kuwa rogo, Hajiya. A can yuka suke ce mashi, kuma rogo da moho abincin biki ne. Ki sami rogo mai zaƙi irin wanda ake dafawa a ci da ƙuli, ki fere, ki dafa da gishiri har ya fara tsagewa, ki zare jijiyar tsakiya. Ki shimfiɗa albasa da dakakkiyar tafarnuwa a kanshi, ki zuba ruwan lemun da kika ajiye. Sai ki ɗora mai a wuta ya yi zafi, ki kwarara a kai. Za ki ji cuuu, ƙamshi ya cika tsakar gida. Ki yi nesa da fuskarki don yana fallatsi. A ci da zafinshi, rogo in ya huce tauri yake. In da hali ki ƙara farar shinkafa da wake da soyayyar ayaba.

Maman 'Yan Biyu

Na dawo da labari. Kumin na same shi a kanti na uku da na shiga, ƙwaya ne, na soya na daka. Origano ban samu ba, na sa tayim rabin cokali. Ƙarfe takwas na safe na jiƙa kajin a roba cikin kula, aka ɗora su bayan an sauko daga masallaci. Na bi maganar Baba, garwashi gefe, kaza gefe, kusan awa ɗaya kafin ruwan cinyar ya fito fari ba ja. Fiffike ɗaya ya ɗan ƙone don na matso da shi da wuri.

Ƙanena yana zaure suna gaisawa da maigidan lokacin da na kwarara man a kan rogon. Sai ga shi ya shigo tsakar gida ko takalmi bai gama cirewa ba, ya ce, Yaya, wa ya koya maki? Ya zauna kan tabarma nan kusa da murhu, ya ce a zuba mashi a nan. Ya ce na can ya fi wannan ɗan ɗaci-ɗaci na ɓawo, don haka wani karon zan kankare koren bayan lemun zaƙi kaɗan in zuba, ban da farin. Amaryar ta rubuta awon a wayarta kafin su tafi.

Baba na Daura, maigidan ya goyi bayanka, da yajin ƙuli ya ci tashi. Yanzu ina tunanin cinyar ragon layya. Awa nawa za ta ɗauka a cikin ruwan, kuma in tsattsaga ta kamar kazar ko in huhhuda ta da wuƙa in cusa tafarnuwar?