Gasar kacici-kacici kan labaran Girkawan da: da wane littafi zan fara?

Ɗan Auta: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Sashenmu zai yi gasar kacici-kacici ƙarshen watan nan a kan labaran Girkawan da, allolinsu da jarumansu da littattafan da aka samo labaran. An saka sunana ba a ko tambaye ni ba, ni kuwa ɗan abin da na sani duk a fim na gani. Don Allah da me zan fara?

Kawu: Wa alaikumus salam. Ka fara da ajiye fim ɗin a gefe. A fim ɗin Troy na 2004 Hector ya kashe Menelaus, alhali a littafi na 4 na Odyssey ga Menelaus can Sparta bayan yaƙi, shi da Helen, ana bikin auren 'ya'yansa yana karɓar baƙi. Ka amsa da fim, sai dai ka ji an ce a ba ɗaya ɓangaren.

Malamar Adabi: Hesiod tukuna, ɗana, kafin Homer mai Iliad da Odyssey. Theogony na Hesiod baiti dubu ne da 'yan kai, tsakanin la'asar da isha'i ka gama shi. Shi ne littafin nasaba. Ka nemi takarda babba ka riƙa zanawa kana karantawa: Gaia da Ouranos suka haifi Titan goma sha biyu, cikinsu Kronos ya auri Rhea suka haifi shida, Hestia, Demeter, Hera, Hades, Poseidon, sai Zeus auta. Uban yana haɗiye kowanne da an haife shi, don an gaya masa ɗansa ne zai tumɓuke shi. Da aka zo kan Zeus sai Rhea ta naɗe dutse a tsumman jariri ta miƙa masa, ya haɗiye bai duba ba. In ka riƙe wannan gida, tambayoyin "wa ya haifi wa" sun zama naka.

Na Damagaram: Malama, a yi mini afuwa, amma mai sauran mako biyu ko uku ba ya buƙatar waƙa. Library na Apollodorus ya kamata ya riƙe. Babu ado babu kwana-kwana, wane ya haifi wane, ya je can, ya kashe wancan. A ciki ne za ka ga dalilin da ya sa ayyukan Heracles suka zama 12. Goma aka ɗora masa, sai Sarki Eurystheus, wanda ya ɗora masa su, ya soke biyu: na macijin Hydra saboda Iolaus ya taya shi, da na share garken Augeas saboda ya nemi lada. Masu shirya gasa suna son irin wannan.

Malamar Adabi: Ban ƙi ba, amma Apollodorus ba ya zama a kai sai an yi ta maimaitawa. Abin da ka ji a labari shi ke tsayawa.

Uwar 'Yan Biyu: Ku dai kuna ta jibga wa yaro kaya. Ɗan Auta, nemi Mythology na Edith Hamilton, na 1942. Turancinsa mai sauƙi ne, kuma kafin ta fara labari takan faɗi wurin wanda ta ɗauko shi, ko Homer ne ko Ovid ko wani. Wannan 'yar gabatarwar kar ka tsallake ta, tunda ka ce har littattafan za a tambaya. Na Robert Graves na 1955 kuwa, karanta labaran ka bar sharhin da ke ƙarƙashinsu, yawanci ra'ayinsa ne shi kaɗai.

Kawu: A dai karanta a matsayin adabi, jama'a. Zeus ɗin nan ko a unguwa yake ba za a ba shi aure ba, balle a kira shi abin bauta.

Baban Zaure: Kawu ka fara ko. A bar yaro ya samu abin da ya zo nema.

Malamar Adabi: Bari in nuna maka ramukan da ake faɗawa. Kowa ya san dokin katako da Girkawa suka ɓuya a ciki suka ci birnin Troy, kowa kuma zai rantse a Iliad yake. Babu shi. Iliad littafi 24 ne, amma 'yan makonni kawai ya ɗauka cikin shekara ta goma ta yaƙin, ya fara da fushin Achilles ya ƙare da jana'izar Hector, birnin Troy yana nan tsaye. An taɓo dokin a Odyssey, cikakken labarinsa kuwa yana littafi na 2 na Aeneid, wanda Virgil ya rubuta da Latin. Haka dunduniyar Achilles. Homer bai ce uwarsa ta tsoma shi a kogin Styx tana riƙe da diddigensa ba, Statius ne ya kawo haka, Barume, ɗaruruwan shekaru daga baya. Medusa ma haka. A wurin Hesiod ɗaya ce cikin Gorgon uku 'yan uwan juna, ita kaɗai ce mai mutuwa. Labarin cewa kyakkyawar budurwa ce da aka mayar da gashinta macizai don hukunci, na Ovid ne a Metamorphoses. Duk labarin da ka rubuta, ka sa sunan mai shi a gefe.

Ɗan Auta: Tirƙashi. To ina zan samu duk waɗannan? Kuɗin littafi ba ni da shi, gaskiya.

Na Damagaram: Ba ka buƙatar saye. Perseus na Jami'ar Tufts yana da Hesiod da Homer da Apollodorus kyauta a intanet. Shafin Theoi kuma ya fi sauƙin bi a waya, ka buɗe sunan Athena misali, ya jero maka abin da kowane marubuci ya faɗa a kanta. Fassarar Samuel Butler tana Project Gutenberg, a zube take ba waƙa ba, sai dai ka kula, sunayen Rumawa ya yi amfani da su. Za ka ga Jove da Minerva da Ulysses, wato Zeus da Athena da Odysseus.

Uwar 'Yan Biyu: Wannan ma kan zo a tambaya. Hera ita ce Juno, Poseidon Neptune, Ares Mars, Aphrodite Venus, Artemis Diana, Hermes Mercury. Apollo ne bai canza ba.

Baban Zaure: Ga masu Larabci, Sulaiman al-Bustani ya fassara Iliad cikin waƙa, aka buga a Alƙahira a 1904, da doguwar muƙaddima. Ba na gaggawa ba ne, na bayan gasa ne.

Kawu: Kar a manta wasannin kwaikwayo. Ko ba ka karanta ba, ka san na wa ne: Oresteia na Aeschylus, Oedipus da Antigone na Sophocles, Medea na Euripides. Tafiyar Jason da jirgin Argo kuwa Apollonius na Rhodes ya rubuta, cikin littafi huɗu.

Malamar Adabi: To bari mu gwada ka. Wa ya haifi Aphrodite?

Ɗan Auta: Na duba yanzu, Malama. Daga kumfar teku ta fito, bayan Kronos ya yi wa ubansa Ouranos illa.

Malamar Adabi: Inji Hesiod. A littafi na 5 na Iliad 'yar Zeus ce da Dione, har ta ruga wurin uwar tana kuka da Diomedes ya ji mata ciwo a hannu. In an tambaye ka, ka faɗi duka biyun da sunan masu su.

Na Damagaram: Ga tawa: lissafo alloli goma sha biyun dutsen Olympus.

Uwar 'Yan Biyu: Wannan tambayar rigima ce. Wasu jerin da Hestia, wasu da Dionysus a madadinta. Hades kuwa yawanci ba a ƙirga shi, don a ƙarƙashin ƙasa yake zaune.

Baban Zaure: Shi ya sa gobe da safe ka je wurin masu shirya gasar ka tambaye su littafin da za su yi alƙalanci da shi. In sun faɗa, ka sanar da mu. Malama, ko za ki turo masa tambayoyi goma daren Juma'a?

Malamar Adabi: In sha Allahu. Ya dai gama Theogony kafin nan, da zanen nasabar, ya ɗauki hotonsa ya turo mu gani.