Wanne zan fara kalla a finafinan Mira Nair?

Auta: Salamu alaikum 'yan zaure. Ni fa na gaji da fim ɗin Indiya na rawa a gindin bishiya. An ce in nemi na darakta Mira Nair. Da wanne zan fara?

Maman 'Yan Biyu: Wa alaikumus salam. Auta, ɗauki Monsoon Wedding na 2001. Biki ne a Delhi, uban amarya na neman rance a ɓoye, mai kafa rumfa yana ta zuba ƙarya a waya yana tauna furen ado kamar gyaɗa. Wallahi sai ki ce bikin gidanmu. Kyamarar a hannu aka riƙe ta, tana kutsawa cikin dangi kamar ita ma 'yar gayya ce. Fim ɗin ne ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Venice a shekarar. Amma ki kori yara tukuna, akwai zancen wani babba a dangi da ke lalata da yaran gidan.

Kawu: Maman 'Yan Biyu, kin tsallake tushe. Salaam Bombay! na 1988 shi ne fim ɗinta na labari na farko. Da finafinan gaskiya (documentary) matar nan ta fara, shi ya sa ta tattaro yaran titi na ainihi, ta horar da su, suka fito a ciki. Yaron da ke kai shayi, burinsa kawai ya tara rufi 500 ya koma wajen uwarsa. Har takarar Oscar fim ɗin ya shiga. Ki lura da mai rubuta wa mutane wasiƙa a bakin hanya, Irrfan Khan ne tun bai yi suna ba.

Auta: Kawu, kuka za ku sa ni ke nan?

Kawu: Tanadi hankici.

Yaya Babba: In da yara za a zauna, Queen of Katwe na 2016. Phiona Mutesi, mai tallar masara a Kampala, ta zama gwanar wasan chess. Uganda gidan Mira ne, can ta haɗu da mijinta Mahmood Mamdani lokacin shirin fim ɗinta Mississippi Masala. Zohran ɗin nan da ya ci zaɓen magajin garin New York ɗansu ne.

Kawu: Katwe ya yi zaƙi da yawa, hannun Disney ne.

Yaya Babba: Haba Kawu, ko don jaruma Lupita Nyong'o a matsayin uwar Phiona ai a kalla.

Auta: Na gode. Na fara sauke na bikin, data ta ƙare a rabi. Wa zai taimaka wa autarku?