Masu gadin ƙofar aljanu, a ina zan aje su cikin Damagaram?

Ɗan Birni: Salamu alaikum yan uwa, wani labari nake rubutawa, ƙirƙira ce kawai, wata ƙungiyar asiri mai tsaron iyaka tsakanin duniyarmu da ta mutanen ɓoye, kowa na ganinsu talakawa ne amma da magariba su ke rufe ƙofar. To a ina ya dace ƙofar ta kasance?

Yar Zango: Haba malam ga duwatsun Birni nan manya manya, ka sa ta a tsaga tsakanin duwatsu biyu inda tsamiya ta fito, dama ai kowa ya san ba a zama gindin tsamiya da magariba.

Baban Hadiza: Ka ce tun zamanin Sarki Tanimun da ya gina ganuwa aka kafa su, da Faransawa suka maida babban birni Yamai a 1926 sai aka manta da su, saura tsofaffi uku, ɗaya mai saida goro ne a kasuwar Dole.

Ɗan Birni: Wallahi Baba mai goron nan ya shige ni, shi zan sa shugaba.

Yar Zango: Amma dan Allah kar ka basu sanda mai walƙiya irin ta fim, laya da turaren wuta da zoben azurfa sun isa. Kuma ka sa mace cikinsu!