Musayar waƙa: Idon Dare

Gamzaki: Assalamu alaikum 'yan'uwa. Fagen yau ƙasar tatsuniya ce wadda rana ba ta taɓa leƙawa ba. Haskenta guda ne, wani lu'ulu'u da suke kira Idon Dare. Ƙwar biyu za mu yi, wato ɗango biyu a kowane baiti, amsa-amo "re". Bismillah.

Akwai wata ƙasa can bayan teku bakwai,
Rana ba ta san ta ba, kullum sai dare.

Lu'ulu'u ɗaya ne a ƙarƙashin kogon shuru,
Shuɗi kamar ruwa, haskensa ba shi ƙare.

Sarakai sun haƙa da dakaru dubu dubu,
Suka koma hannu rabbana, kowa a takure.

Wanda duk ya nufe shi don ya saya ya sayar,
Da ya taɓa sai ya dushe, duhu ya zo ya tare.

Ni ne na ɗauko shi, ga shi a tafina,
Mai ja da ni ya fito, fage yana a share.

Ɗan Makesu:
Yaya Gamzaki, a tafinka ka ce yake?
Buɗe mu gani, don me hannun yake a ɗaure?

Abin da ka tsinto fasasshiyar kwalba ce,
Ka goge da riga kana ta gyare-gyare.

Ni na shiga kogon ba fitila ba sanda,
Ya gan ni ya yi murmushi muka fito tare.

Gamzaki:
Makesu, wutarka ba ta ɗumama ko yatsa,
Ƙyal-ƙyal cikin ciyawa, iska ɗaya ta ture.

Yaro bai san wuta ba sai ya taka ta,
Kogon da kake faɗi ko bakinsa ba ka jure.

Kainuwa: Allah ya ƙara basira, Yaya Gamzaki! "Iska ɗaya ta ture", wallahi nan magana ta ƙare. Makesu, ƙanena, a sha ruwa a huta.

Zara: Kainuwa, ba a yanke hukunci tun ba a ji ta bakin kowa ba. Ga tawa.

Ku biyun kun ɓata hanya, ku saurara,
Idon Dare ba ya zama wurin masu ture-ture.

Makauniya ce ta same shi, 'yar mai kiwo,
Ɗumi ta ji ta bi shi, ƙaya da sanyi ta daure.

Ba ta kai shi ɗaki ba, ta aza shi kan tsauni,
Uwa ta ga fuskar ɗanta, gona ta yi fure.

Ƙasar da ba ta da asuba, ina Gamzaki zai fito?
Koma ka jira alfijir, kayanka a tattare.

Malam Ma'auni: Zara, ma'anar ta yi kyau ƙwarai, baitin makauniyar ya taɓa ni. Amma na ƙarshen yana ɗingishi. Ɗangon da Gamzaki ya buɗe da shi gaɓa 13 ne, naki na "ƙasar da ba ta da asuba" 17. Numfashi zai yanke kafin a kai ƙarshensa.

Zara: Malam, da girmanka, in dai ƙirga za a yi a ƙirga wa kowa. "Suka koma hannu rabbana, kowa a takure" gaɓa 15 ne, ban ji ka tanka ba. Kuma kai ka sha faɗa mana cewa a aruli, ilimin ma'aunin waƙa, nauyin gaɓa ake dubawa, ba yawanta kawai ba.

Malam Ma'auni: Haka ne, kuma a nauyin ma an karye. Halilu ɗan Ahmadu, malamin Larabci, ya fitar da bahari, wato ma'aunin waƙa, guda 15 tun ƙarni na 8, almajirinsa Ahfashu ya ƙara Mutadarik suka cika 16. Ki nuna mini wanda wannan ɗango ya hau a cikinsu.

Ɗan Makesu: Malam, waɗancan ma'aunai da waƙar Larabawa aka fitar da su. Ni kunnena nake bi. Na rera baitin Yaya Zara sau uku, bai sarƙe ni ba.

Kainuwa: To ai dole ka ce haka, tunda ita ta rama maka.

Ɗan Makesu: Ke ma ai ko tari Yaya Gamzaki ya yi sai kin ce fasaha ce.

Malam Ma'auni: Kunne shaida ne, ban musa ba. Sai dai malamanmu da suka rubuta waƙa da ajami sun hau waɗannan baharai da Hausa tsantsa, ba ta gagare su ba.

Gamzaki: Jama'a, mun bar lu'ulu'un a kan tsauni muna ta faɗa a kan sikeli. Zara, jiya ban samu shigowa ba, amsarki ga ta.

Zara, matar wata, da hasken aro kike ado,
Wa ya taɓa ganin ki tsakar rana kina more?

Na yarda makauniya ce ta kai shi kan tsauni,
To wa ya riƙe mata sanda, ba ni ne ba, a dare?

Malam Ma'auni: "Dare" ya riga ya fito a baitin farko, Gamzaki. Bai kamata ka maimaita kalmar amsa-amo ba.

Zara: Na gode Malam, yanzu ka yi adalci. Ga ta biyu, kuma a ƙirga.

Sanda ka riƙe, ita ko ta riƙe haske,
Ɗan jagora ya ce shi ne sarki, a sa mai fure.

Kainuwa: Ita ma ta maimaita "fure"! Malam, kana ina?