Sabon ɗan wasa a Sakkwato: ta ina ake farawa?

Ɗan Mabera: Assalamu alaikum. Matashi ne nan Sakkwato ke son shiga fim, ba ya ƙarƙashin kowane kamfani, ba shi da ubangida a Kano. Mi ya kamata ya fara yi? Ya tattara ya tafi ko ya tsaya gida?

Mai Kyamara: Wa alaikumus salam, ƙanena. Kada ya yi gaggawar tafiya. Kano ta fi kilomita 500 daga nan, kuma abin da darakta zai fara ce masa shi ne ya nuna aikinsa. To ya haɗa bidiyon gwaji guda biyu, kowanne kada ya wuce minti 2: ɗaya na faɗa, ɗaya na magana a natse. Na biyun ya fi wuya, kuma shi ake dubawa. Waya a kwance, a kafe ta daidai tsayin idonsa, ya fuskanci taga. A kashe fanka da janareta, a maƙala ƙaramin makirfo a ƙirji, kamar taƙi ɗaya daga baki. Hoto mai ɗan duhu ana haƙuri da shi, amma murya mai amo ba wanda zai saurara. In a waje ne, da sassafe ko bayan la'asar. Ranar Afrilu a nan tana haura digiri 40, waya ta yi zafi ta tsaya, inuwa kuma ta cika ramin ido.

Hajiyar Runjin Sambo: Ɗana, ka gaya masa ba a ɗaukar fim a jere. Ana iya ɗaukar fitarsa daga ɗaki yau, isowarsa ƙofar gida bayan kwana 5. In ya yi aski a tsakani, ko karin hularsa ya koma hagu, sin ɗin, wato wannan yanki na fim ɗin, ya lalace. Ya ɗauki hoton kayan da ya sa kowace rana, har agogo da takalmi. In ya ɗaga kofin shayi da hannun dama a kan wata kalma, haka zai maimaita duk sanda aka sauya wa kyamara wuri, in ba haka ba edita, mai yanka hotunan fim ya jera su, ba zai iya haɗawa ba. Ya tsaya kan alamar da aka sa masa a ƙasa, kada ya saci kallon kyamara.

Malamin Harshe: Batun kuɗi a gama shi kafin zuwa lokeshan, wato wurin ɗaukar fim: sin nawa, nawa ne kowanne, wa ke da mota da abinci, ko da a saƙon waya ne a rubuce. Wanda ya ce a biya shi kafin ya ba da fitowa, a guje shi. Rajista a ofishin MOPPAN, ƙungiyar masu sana'ar fim ta Najeriya, ake yi, kuma aiki a Kano sai da izinin Hukumar Tace Fina-finai ta jihar. Sakkwatancinsa kuwa kada ya yar. Ya iya Kananci don rubutun da za a miƙa masa, amma ya yi ɗaya daga bidiyon biyun da harshen gida.