Tambaya: wai Tylenol da Panadol magani ɗaya ne?

Ɗan Mabera:
Assalamu alaikum jama'a. Yayana da ke Amurka ya aiko wa Inna wata farar roba cike da ƙwayoyi, an rubuta Tylenol, saboda ciwon gwiwar da ke tasar mata duk hunturu. Ita kuwa dama Panadol take sha, biyu da safe biyu da dare, tana ajiye shi cikin gwangwanin goro kusa da tasbaharta. Da na waje ya zo sai ta haɗa, wanga biyu wancan biyu, wai na Turawa ya fi ƙarfi.

Jiya na ɗauki robar, a ƙasan babban sunan na ga acetaminophen 500mg. Kwalin Panadol kuma paracetamol 500mg. Yaron kemis na bakin layinmu ya jujjuya robar ya ce magani daban ne. Ƙanwata da ke makarantar jinya ta ce ɗaya ne. Wa zan bi? In ɗaya ne, don mi aka raɗa mashi suna biyu?

Mai haɗa magani, Arkilla:
Wa alaikumus salam. Bi ƙanwarka, kuma ka janye ɗaya yau ɗin nan. Lissafa: ƙwaya 8 take sha a rana, giram 4 ke nan, iyakar abin da ake yarje wa babba mai ƙoshin lafiya. Tsohuwa ba a son ta kai nan. In ta ƙara da maganin mura, wanda galibi akwai paracetamol a ciki, hanta ce za ta ji jiki. Ka kai ta asibiti, ka faɗa masu kwana nawa ta yi tana haɗawa.

Batun suna kuwa, Panadol da Tylenol sunayen kasuwa ne, kamar laƙabi, kamfani ne ya raɗa. Sunan yanka shi ne ƙaramin rubutun nan da ka gani. Tun 1953 Hukumar Lafiya ta Duniya take fitar da jerin sunayen bai ɗaya da ake kira INN, a can paracetamol ne, kuma shi za ka gani a kwalayen da NAFDAC ta yi wa rajista. Amurka na da nata kwamitin, USAN, tun 1961, a wajensu acetaminophen ne. Yawanci sunayen kan zo ɗaya, amma a wasu tsofaffin magunguna kowa ya riƙe nasa. Abin dariyar ma, daga dogon sunan sinadarin guda aka gutsuro paracetamol da acetaminophen duka biyun.

Masu asma su lura: salbutamol ɗin da ke cikin Ventolin, a Amurka albuterol suke ce masa. Glibenclamide na ciwon suga kuma glyburide. Wannan na ƙarshen ya fi ba ni tsoro, don in aka ninka shi suga na iya faɗuwa mutum ya suma.

Ɗan Illela:
Mu nan bakin iyaka kullum muna gamuwa da haka. Ana shigo da Doliprane da Efferalgan daga Ƙonni ta Nijar, mutane na cewa na Faransa ya fi. Ka karanta kwalin, paracétamol ne, 'yar alama kawai aka ɗora wa harafi. Sai dai a duba lamba, akwai mai 1000mg, ƙwaya ɗaya a madadin biyu.

Hajiyar Runjin Sambo:
Ni takardar likita nake riƙewa, ban haddace sunan kwali ba. Maigidana na shan lisinopril, duk wata kwalin na iya canja launi, ni dai in ga sunan da 10mg. Malam mai haɗa magani, gaskiya ne duk mai ƙarewa da "pril" dangin juna ne?

Mai haɗa magani, Arkilla:
Haka ne Hajiya, da gangan aka tsara: "pril" da "sartan" na hawan jini, "cillin" dangin penicillin. Dangi ne amma, kada a musanya wani da wani sai likita ya ce.

Ɗan Mabera:
Allah ya saka da alheri. Gobe da safe za mu asibiti. Na ce ta zaɓi ɗaya, ta rungume robar ɗanta ta miƙo mini gwangwanin goro.